Gundumar Bageshwar a Tsaunukan Kumaon: Me Ya Sa Mutanenta Ba Su da Yawa, Kuma Ina Mazan Suka Tafi?

"Assalamu alaikum Malam. Ina duba alƙaluman ƙidayar Indiya sai na ci karo da wata gunduma mai suna Bageshwar, wadda mutanenta gaba ɗaya ba su kai dubu ɗari uku ba, kuma kusan dukkansu mazauna ƙauye ne masu magana da harshen Kumaoni. Abin ya ɗaure mini kai, domin mun san Indiya da cinkoson jama'a. Yaya aka yi wuri mai ƙarancin mutane haka ya zama gunduma mai zaman kanta, kuma wa ke mulkinta? Sannan na ga mata sun fi maza yawa a can, alhali ana cewa a Indiya maza ne suka fi yawa. Shin hakan na nufin su mutanen can sun fi daraja 'ya mace ne?"

Wa alaikumus salam. Malam mai tambaya, idan na fahimce ka daidai, abubuwa uku kake son sani: dalilin ƙarancin jama'a, yadda tsarin mulkin gundumar yake, da kuma ma'anar rinjayen mata a ƙidaya. Dukkan ukun suna da tushe ɗaya, wato yanayin ƙasar, saboda haka daga nan ya kamata mu fara. Na daɗe ina koyar da labarin ƙasa da nazarin ƙidayar jama'a, kuma wannan gunduma tana cikin misalan da nake yawan ba ɗalibai, domin alƙalumanta suna saurin yaudarar wanda bai ɗora su a kan taswira ba.

Ƙasar da ake magana a kanta

Bageshwar tana jihar Uttarakhand da ke arewacin Indiya, a cikin tsaunukan Himalaya. Jihar tana da gundumomi 13, an kasa su shiyya biyu: Garhwal a yamma mai gundumomi bakwai, da Kumaon a gabas mai gundumomi shida, wato Almora, Bageshwar, Champawat, Nainital, Pithoragarh da Udham Singh Nagar. Bageshwar tana maƙwabtaka da Chamoli ta yamma da arewa maso yamma, da Pithoragarh ta gabas, da Almora ta kudu. Faɗinta murabba'in kilomita 2,241 ne, kuma ƙidayar 2011 ta sami mutum 259,898 a cikinta. Idan ka raba, za ka sami mutum 116 a kowane murabba'in kilomita, alhali na Indiya baki ɗaya a wannan shekarar 382 ne.

To amma wannan adadi na 116 shi ne yaudara ta farko. Garin Bageshwar, hedikwatar gundumar, yana cikin kwari a mahaɗar kogin Saryu da kogin Gomti, a tsayin da ya kusa mita 1,000 daga doron teku. (Wannan Gomti ba ita ce wadda ta ratsa birnin Lucknow ba, suna ne kawai ya zo ɗaya.) Daga nan idan ka nufi arewa, ƙasa tana ta hawa har ka isa daskararrun kogunan ƙanƙara na Pindari da Kafni da Sundardhunga, sannan ƙololuwa irin su Nanda Kot mai tsayin mita 6,861. Ke nan a cikin gunduma ɗaya akwai kwarin da ake noman shinkafa, akwai kuma wurin da dusar ƙanƙara ba ta narkewa duk shekara. Babban yanki na arewacin gundumar dutse ne da ƙanƙara da makiyayar saman tsauni da suke kira bugyal, wadda sai da bazara ake kai tumaki da awaki. Wani babban yankin kuma daji ne da ke hannun gwamnati. Idan ka cire waɗannan duka ka bar ƙasar da garma za ta iya shiga, sai ka tarar mutanen a matse suke, ko da yake taswira tana nuna wuri mai yalwa.

Manoman yankin sun kasa gonakinsu gida biyu. Akwai talaon, ƙasar kwari da ake janyo wa ruwa ta ƙananan magudanai da ake kira gul, wadda za mu iya kwatantawa da fadama. Akwai kuma upraon, gonakin gangaren dutse da aka sassaƙa hawa-hawa kamar matakala, waɗanda ba su da abin dogaro sai ruwan sama. Kwarin Katyur, wajen Garur da Baijnath, shi ne mafi albarka, kuma ba mamaki da sarakunan Katyuri na zamanin da suka kafa fadarsu a can. Amma yawancin gonakin gundumar na gangare ne, inda ake shuka tamba, wadda suke kira mandua, da wata ƙaramar tsaba mai suna jhangora, da baƙin waken suya da suke kira bhatt, sannan alkama da hunturu. Ma'aunin gonarsu kansa ya isa ya nuna maka ƙanƙantar abin: suna auna ƙasa da nali, wanda bai wuce murabba'in mita 200 ba, sai an haɗa kusan hamsin kafin a sami hekta guda. Gida ɗaya kan mallaki 'yan nali a warwatse, wani a ƙasan gari, wani a can sama, kuma rabon gado yana ƙara yayyanka su. Irin wannan gona takan ciyar da iyali wasu watanni na shekara, sauran watannin kuwa sai an nemo daga wani wuri.

Ga kuma haɗari. Damina tana sauka da ƙarfi tsakanin ƙarshen Yuni da Satumba, duwatsun kuma masu saurin zaftarewa ne, sannan yankin yana cikin wuraren da girgizar ƙasa ta fi barazana a Indiya. A watan Agustan 2010 zaftarewar ƙasa ta rufta kan wata makaranta a ƙauyen Sumgarh da ke yankin Kapkot, yara 18 suka rasu. Kowace damina hanyoyin ƙauyuka kan toshe na kwanaki, wani lokaci na makonni.

Yadda ta zama gunduma

A 2011 Indiya tana da gundumomi 640 da mutum biliyan 1.21, wato a matsakaici kowace gunduma tana da kusan mutum miliyan 1.9. Bageshwar ba ta wuce kashi ɗaya cikin bakwai na wannan ba, kuma a cikin jiharta ma gundumomi biyu ne kawai suka fi ta ƙarancin jama'a, Rudraprayag da Champawat. Don haka mamakinka yana kan hanya. Amsar ita ce a cikin tsauni, abin da ke sa a ƙirƙiri gunduma shi ne nisan tafiya zuwa ofis, ba yawan kawuna ba.

Tarihin yankin yana nuna haka a fili. Sarakunan Chand sun mulki Kumaon daga Champawat, daga baya suka koma Almora a ƙarni na 16. A 1790 Gurkawan Nepal suka ci ƙasar da yaƙi, a 1815 Turawan Ingila suka karɓe ta daga hannunsu, yarjejeniyar Sugauli ta 1816 kuma ta mai da kogin Kali iyaka tsakanin Nepal da ƙasar da ke hannun Turawa. A 1891 aka kafa gundumar Almora, wadda a lokacin ta miƙe har zuwa iyakar Tibet. Tun daga nan ake ta gutsurarta. An cire Pithoragarh a 1960, lokacin da zaman ɗar-ɗar da ƙasar Sin ya sa gwamnati ta so ta matso da hukuma kusa da iyaka. Bageshwar ta zama tahsil, wato ƙaramin yankin haraji, a 1974, sannan ranar 15 ga Satumba 1997 gwamnatin jihar Uttar Pradesh, wadda yankin ke cikinta a lokacin, ƙarƙashin babbar minista Mayawati ta mai da ita cikakkiyar gunduma. Shekara uku bayan haka, ranar 9 ga Nuwamba 2000, aka raba yankin tsaunukan gaba ɗaya daga Uttar Pradesh aka yi sabuwar jiha, wadda aka fara kira Uttaranchal kafin a sauya mata suna zuwa Uttarakhand a 2007. Hujjar masu fafutukar neman jihar ita ce hujjar masu neman gundumar: ma'aikacin da ke zaune a Lucknow, babban birnin Uttar Pradesh, a shimfiɗaɗɗiyar ƙasa, ba ya gane cewa kilomita goma a dutse na iya cin yini guda.

Akwai wani aiki da nake sa ɗalibai a aji don su ga wannan da idonsu. Nakan ba su taswirar gundumar marar layukan tsayi, in ce su zana da'irar kilomita biyar kewaye da kowace cibiyar lafiya. Kusan kullum sai su yanke hukunci cewa yawancin ƙauyuka suna kusa da asibiti. Daga nan sai in ba su taswira mai nuna tsayi da koguna da gadoji, in ce su sake lissafi da awannin tafiya a ƙafa. Ƙauyuka biyu da ke kallon juna, waɗanda mutum zai iya ƙwala kira daga ɗaya a ji a ɗayan, sai ka tarar tsakaninsu akwai gangara mai zurfi da kogi da kuma hawa, tafiyar awa uku ko huɗu. Shi ya sa har yanzu jaridun Indiya kan kawo labarin mara lafiya ko mace mai naƙuda da aka ɗauko a doli, wato kujerar da ake ratayawa a sanda maza su saɓa a kafaɗa, har zuwa bakin titi. Idan ciwon ya fi ƙarfin asibitin gunduma, sai Almora ko Haldwani, wadda ke gindin tsaunukan. Jirgin ƙasa bai isa gundumar ba. Tashar da aka fi amfani da ita ita ce Kathgodam, kusa da Haldwani, kuma maganar shimfiɗa layin dogo daga Tanakpur zuwa Bageshwar tun zamanin Turawa ake yin ta.

Wa ke riƙe da ragama

Kada kalmar gunduma ta sa ka ɗauka ƙasar hakimi ce, kada kuma ka ɗauke ta daidai da ƙaramar hukuma mai zaɓaɓɓen shugaba. Shugaban gunduma a Indiya ma'aikacin gwamnati ne da ake naɗawa, Majistare na Gunduma, wanda mutane ke kira Di'em a taƙaice. Yawanci yakan fito daga rukunin manyan ma'aikatan mulki na tarayya, gwamnatin jiha ce ke tura shi, tana kuma iya ɗauke shi a kowane lokaci. A hannunsa ake haɗa harajin ƙasa da rajistar filaye, da kiyaye doka da oda, da gudanar da zaɓe, da agajin gaggawa idan bala'i ya auku. Wanda ya san tarihin mulkin mallaka a Arewa zai ga kamanninsa da Di'o na zamanin Turawa, kuma ba haɗuwar banza ba ce, domin a Indiya Turawan Ingila suka fara gina wannan muƙami kafin su kai irinsa sauran ƙasashen da suka mallaka. A samansa akwai Kwamishinan shiyyar Kumaon da ke Nainital, garin da babbar kotun jihar take. A gefensa akwai shugaban 'yan sandan gunduma da babban jami'in raya ƙasa.

Daga nan tsarin ya rabu reshe biyu, kuma wannan ne ke rikita masu karatu. Reshen haraji da filaye yana sauka daga gunduma zuwa tahsil, irin su Bageshwar, Kapkot, Garur, Kanda da Kafligair, kowanne da jami'insa da ake kira tahsildar, har zuwa patwari mai riƙe da littafin filayen rukunin ƙauyuka. Reshen raya ƙasa kuwa yana bin yankunan ci gaba guda uku, wato Bageshwar, Garur da Kapkot, kuma a nan ne zaɓaɓɓun wakilai suke shigowa. Gyaran tsarin mulki na 73, wanda aka zartar a 1992, ya kafa majalisun karkara da ake kira panchayat hawa uku: ta ƙauye mai shugaba da ake kira pradhan, ta yanki, da ta gunduma, kowacce ana zaɓenta duk shekara biyar. A Uttarakhand an keɓe wa mata rabin kujerun waɗannan majalisu. A ganina ƙarfin majalisun bai kai na Di'em ba, domin kuɗi da ma'aikata suna hannun ma'aikatu, amma pradhan ne mutumin da talaka ke fara zuwa wurinsa kan hanya ko famfo ko aikin ƙwadago na gwamnati.

Abubuwa biyu sun bambanta mulkin waɗannan tsaunuka da na sauran Indiya, kuma sun cancanci a tsaya a kansu. Na farko shi ne patwari mai ikon ɗan sanda. Turawa sun ga cewa laifuffuka ba su da yawa a tsaunin, kafa ofisoshin 'yan sanda kuma zai ci kuɗi, sai tun a ƙarni na 19 suka ɗora wa ma'aikacin haraji ikon karɓar ƙara da bincike da kama mai laifi. Tsarin ya rayu har bayan samun 'yancin kai, ya kuma mamaye fiye da rabin faɗin jihar. Yana da fa'idarsa, domin patwari ya san kowane gida da iyakar kowace gona, kuma yawancin rigingimun ƙauye a kan ƙasa ne. Amma mutumin da horonsa awon fili ne, ba shi da mota ko makami ko kayan bincike, ba zai iya da kisan kai ko fataucin miyagun ƙwayoyi ba. A 2018 babbar kotun jihar ta ba da umarnin a soke tsarin, a 2022 kuma, bayan kisan wata budurwa a shiyyar Garhwal da ya tayar da hankalin jama'a, gwamnati ta amince ta riƙa miƙa ƙauyukan ga 'yan sanda na ainihi sannu a hankali.

Na biyu shi ne majalisar daji, van panchayat. A farkon ƙarni na 20 Turawa sun killace dazuzzukan Kumaon saboda katako da ƙaron bishiyar chir, suka taƙaita wa mutane kiwo da sarar itace da yankan ganye. A daidai wannan lokaci ana fama da kuli begar, wato tilasta wa ƙauyawa ɗaukar kayan jami'an gwamnati da ciyar da su ba tare da biya ba. A watan Janairun 1921, lokacin bikin Uttarayani da ake yi kowace shekara a garin Bageshwar kusa da wurin bautar Bagnath, dubban mutane ƙarƙashin jagorancin Badri Datt Pandey da Hargovind Pant suka yi rantsuwar daina wannan aikin tilas, masu unguwanni kuma suka jefa littattafan rajistarsa a cikin kogin Saryu. A wannan shekarar aka cinna wa dazuzzukan gwamnati wuta a wurare da dama. Gwamnati ta kafa kwamitin sauraron koke, ta saki wani ɓangare na dajin, sannan a 1931 aka fitar da dokar da ta ba ƙauyuka damar zaɓen majalisar da za ta kula da dajinsu, ta tsara lokacin yankan ciyawa, ta ci tarar mai ɓarna. Yau akwai irin waɗannan majalisu kimanin dubu goma sha biyu a jihar. Muhimmancinsu ya wuce batun itacen girki. Dajin banj, bishiya mai faɗin ganye da ke saman tuddai, shi ke riƙe ruwan da ke fitowa a maɓuɓɓugan da suke kira naula da dhara, ganyensa ne abincin shanu, kuma shi ake shimfiɗa wa dabbobi ya zama taki. Chir kuwa busassun ganyayenta masu kama da allura su ne makamashin gobarar daji a kowace bazara.

Batun mata da maza

Yanzu ga ɓangaren tambayarka da ya fi buƙatar taka-tsantsan. A ƙidayar 2011 Bageshwar tana da maza 124,326 da mata 135,572, wato mata 1,090 ga kowane maza dubu, yayin da na Indiya baki ɗaya 943 ne, na jihar kuma 963. Maƙwabciyarta Almora ta ma fi ta, da mata 1,139. Duk shekarar da na ba ɗalibai wannan jadawali, wasu kan ce yaƙi ne ya cinye maza, wasu su ce, kamar yadda ka zata, al'ummar ce ke fifita 'ya mace. Abin da nake ce musu shi ne su sauka layi na gaba, su duba yara 'yan ƙasa da shekara bakwai. A nan adadin ya juye: 'yan mata 904 ne ga kowane yara maza dubu, ƙasa da na Indiya baki ɗaya, kuma ƙasa sosai da kusan 950 da ake samu a haihuwa idan ba a sa hannu ba. A Pithoragarh da ke gefenta abin ya fi muni, 816. Saboda haka son ɗa namiji yana nan a tsaunin kamar yadda yake a sauran arewacin Indiya, duk da dokar 1994 da ta haramta amfani da na'urar duban ciki wajen bayyana jinsin jariri.

Ina rarar matan ta fito ke nan? Ta fito ne daga manya. Ƙidaya tana rubuta mutum a inda yake zaune lokacin da ake yin ta, kuma mazan Bageshwar masu ƙarfi a jika da yawansu suna Delhi, Haldwani, Rudrapur, Lucknow, Mumbai ko barikin soja. Wannan ci-rani ne, sai dai ba irin na rani ɗaya da ake dawowa da saukar damina ba, na shekaru ne, ana zuwa gida lokacin biki ko hutu. Aikin soja tsohuwar al'ada ce a yankin, rundunar Kumaon ma cibiyarta tana Ranikhet a gundumar Almora, kuma fanshon tsofaffin sojoji ginshiƙi ne a ƙauyuka da yawa. Wasu suna aikin otal da gidajen abinci, wasu direbobi ne ko masu gadi ko ƙananan ma'aikatan ofis. Masana sun daɗe suna kiran tattalin arzikin tsaunin da na kuɗin gidan waya, saboda ta nan ake aiko wa iyali abin cefane kafin zuwan banki da wayar hannu. Wani abin da ya ƙara tura mutane waje shi ne mutuwar cinikin Tibet. Bikin Uttarayani babbar kasuwa ce a da, inda fataken Bhotiya, mutanen da ke zaune kusa da iyakar Tibet, ke saukowa da gishiri da ulu su koma da hatsi, amma yaƙin Indiya da Sin na 1962 ya rufe iyakar.

Sakamakon haka shi ne noma ya koma hannun mata. Ban da huɗa da shanu, wadda al'ada ta bar wa namiji, kusan komai nasu ne: shuka, cire ciyawa, girbi, ɗaukar taki a ka zuwa gonar da ke sama, hawa gangare mai santsi don yanko ciyawa, ɗebo ruwa da itace, da kula da tsofaffi. A wurin ne kuma suke haɗuwa da damisa, a gona kuma su kwana fargabar birai da aladun daji, waɗanda ɓarnarsu na cikin dalilan da manoma ke bayarwa na barin gona. Alƙaluman ilimi suna nuna wannan rabon aiki: kimanin kashi 80 cikin ɗari na mutanen gundumar sun iya karatu da rubutu, amma maza sun haura kashi 92, mata kuma kashi 69. Ana ilmantar da yaro don ya fita nema, yarinya kuma a da ana ganin gona ce makomarta, ko da yake tazarar tana raguwa a tsakanin matasa.

Abin da ya sauya a 'yan shekarun nan shi ne yanzu iyali gaba ɗaya ke tashi, domin neman makaranta mai kyau da asibiti. Tsakanin 2001 da 2011 jama'ar Almora da ta Pauri Garhwal raguwa suka yi, abin da ba kasafai ake gani a Indiya ba, ta Bageshwar kuma ƙaruwarta kaɗan ce. A 2017 gwamnatin jihar ta kafa hukuma ta musamman kan ƙaura daga karkara, kuma rahotonta na 2018 ya ce ƙauyuka 734 a faɗin jihar sun zama kufai bayan 2011. Ƙaurar tana da tasiri a siyasa. Ana raba kujeru 70 na majalisar dokokin jihar bisa yawan jama'a, don haka da aka sake shata mazaɓu bayan ƙidayar 2001, gundumomin tsauni suka yi asarar kujeru, na shimfiɗaɗɗiyar ƙasa irin su Haridwar da Udham Singh Nagar da Dehradun suka ƙaru. Bageshwar tana da kujeru uku a da, aka soke ta Kanda, suka rage biyu: Kapkot da Bageshwar. A majalisar tarayya kuwa tana cikin mazaɓar Almora.

Kujerar Bageshwar keɓaɓɓiya ce ga rukunin da tsarin mulki ya ware saboda wariyar da suka sha a tsarin ajin haihuwa na addinin Hindu. A Kumaon ana kiransu Shilpkar, ma'ana masu sana'ar hannu, irin su maƙeran ƙarfe da na tagulla da magina, kuma sun kusa kashi 28 cikin ɗari na mutanen gundumar, kaso mafi girma a jihar. Sauran yawanci Rajput ne da Brahmin, wato azuzuwan da ke sama a wannan tsarin, kusan kowa mabiyin addinin Hindu ne, Musulmi kuma 'yan kaɗan ne da aka fi samu a cikin garin. Ayyukan yi a cikin gida ba su da yawa: gwamnati, shayin garin Kausani da baƙin da ke zuwa kallon tsaunuka, jagorancin masu tattaki zuwa Pindari ta ƙauyen Khati, da haƙar wani farin dutse mai laushi da suke kira khariya, wanda ake niƙawa a yi hoda. Haƙar nan ta kawo kuɗi, ta kuma kawo tsagewar gidaje da gonaki a yankin Kanda, har babbar kotun jihar ta dakatar da ita a farkon 2025.

Harshen

Kimanin kashi 94 cikin ɗari na mutanen gundumar sun ce Kumaoni ne harshensu na uwa, kuma a arewacinta ana magana da karin da ake kira Danpuriya. Masu harshen a Indiya sun haura miliyan biyu, ana rubuta shi da haruffan Devanagari kamar Hindi. Duk da haka ba ya cikin harsuna 22 da tsarin mulki ya lissafa, ƙidaya ma a ƙarƙashin Hindi take jera shi, kuma harsunan hukuma a jihar su ne Hindi da Sanskrit. Takardar fili, ƙarar kotu da yawancin darasin makaranta duk da Hindi ake yin su. Matar da ke riƙe da gona da gida tana tunani da Kumaoni, amma idan ta shiga ofishin tahsil sai ta sauya harshe, jikokinta da aka haifa a Delhi kuma sau da yawa suna jin harshen ba sa iya mayarwa.

Iyakar waɗannan alƙaluma

Ya kamata ka riƙe su da hannu biyu amma kada ka jingina da su gaba ɗaya. Dukkansu na 2011 ne, domin ƙidayar da aka shirya yi a 2021 an ɗage ta saboda annobar korona, kuma shekarun da suka biyo baya an yi tituna da yawa, wayar hannu ta shiga ko'ina, annobar kanta ta koro dubban 'yan ci-rani gida na wani lokaci. Sannan rabon birni da ƙauye a ƙidayar Indiya ya dogara da matsayin da hukuma ta ba wuri. A 2011 garin Bageshwar kaɗai aka lissafa a matsayin birni, da mutum 9,079, shi ya sa aka ce kashi 96.5 cikin ɗari mazauna karkara ne, alhali kasuwannin bakin titi irin su Garur da Kapkot sun riga sun cika da gidajen siminti na waɗanda suka sauko daga ƙauyukan sama. Wannan ƙaurar cikin gida, daga saman tudu zuwa bakin hanya, jimillar gunduma ba ta nuna ta ko kaɗan, sai an bi jadawalin ƙauye-ƙauye. Nazarina ni ma na jadawali da taswira ne, kuma jadawali yana iya ƙirga gidan da aka kulle amma ba ya bayyana ko mai shi yana da niyyar dawowa. A 2025 gwamnatin Indiya ta sanar da cewa za a yi sabuwar ƙidaya a 2027, yankunan dusar ƙanƙara na Uttarakhand kuma za a riga ƙirga su a kan 1 ga Oktoban 2026. Idan sakamakon ya fito, ka fara duba adadin yara 'yan ƙasa da shekara bakwai a yankin Kapkot, sannan ka kwatanta shi da na Haldwani.